Tambaya: Masu fasa manhaja da masu Linux, jirgi ɗaya ne ya kwaso su?

Ɗan Autan Zaure:

Assalamu alaikum 'yan uwa. Musu ne ya haɗa ni da wani abokina, na ce bari in kawo shi nan ko a samu mai raba mu.

Duk wanda ya daɗe yana taɓa kwamfuta zai tuna ɗan akwatin nan da ke fitowa tare da fasasshiyar manhaja: bango baƙi, tambari na walƙiya, rubutu na gudu a ƙasa, ga wani siririn kiɗa irin na tsofaffin gem. Kiɗan nan ya daɗe yana ɗaure mini kai. Wanda ya ɗauki abin da ba nasa ba ai lallaɓawa yake yi, ba ya tsayawa ya sa kiɗa har da rubuta sunansa.

Shi abokin nawa cewa ya yi duk tafiyar ɗaya ce: masu fasa manhaja, masu yin demo (ɗan shirin kwamfuta na nuna gwanintar zane da kiɗa), da masu Linux (babbar manhajar tafiyar da kwamfuta da ake rabawa kyauta). Wai matasa ne da suka ƙi yarda a riƙa sayar da manhaja, wasu suka fasa ta kamfani, wasu suka rubuta tasu suka raba. Hujjarsa ita ce ƙasar Finlan. Can Linus Torvalds ya fito da Linux a 1991, can kuma aka fara taron Assembly na 'yan demo a 1992. Ya ce ba zai yiwu a ce katari ne kawai ba.

Ni dai jikina bai ba ni ba, amma ba ni da abin da zan kare kaina da shi. Me ya kawo kiɗa da zane cikin harkar fasa manhaja? Kuma da gaske ne tushensu ɗaya da masu Linux?

Tsohon Injiniya:

Wa alaikumus salam Ɗan Auta. Abokinka ya kama rabin gaskiya. Demo daga fasa manhaja ya fito, wannan ba musu. Linux kuwa hanyarsa daban, zan bar wa waɗanda suka fi ni saninsa.

Abin ya faro ne a farkon shekarun 1980, lokacin da ƙananan kwamfutoci suka shiga gidajen mutane a Amurka da Turai. A kan Apple II aka fara ganin wanda ya cire makullin gem ya rubuta laƙabinsa a shafin farko. Amma inda harkar ta bunƙasa shi ne kan Commodore 64, wadda ta fito a 1982 ta cika gidaje a Jamus ta Yamma, Holan, Suwidin, Norwe, Denmak da Finlan. Gem a kaset yake zuwa ko a faifan fulofi, ɗan makaranta kuma ba shi da kuɗin sayen duk wanda ya fito. Sai a ari na aboki a kwafa. Da kamfanoni suka ga haka sai suka fara sa makulli.

Makullin da aka fi yi wa faifai yana da ban dariya. Da gangan ake ɓata wani sashe na faifan. Idan gem ya tashi sai ya je ya karanta wannan sashen. In ya tarar da ɓarnar, ya san faifan asali ne, ya ci gaba. Shirin kwafa na yau da kullum ba ya iya kwafo ɓarna, sai kwafin ya fito lafiya ƙalau, lafiyar tasa kuma ita ce ke tona masa asiri. Na'urar karanta faifai ta Commodore, 1541, in ta ci karo da irin wannan sashe sai ta yi ta buga kanta, ƙwas-ƙwas-ƙwas, har saitinta yakan goce. Ka ga wanda ya biya kuɗi shi ke shan wahala. Wasu kamfanonin kuma takarda suka koma wa: gem ya tsaya cak ya ce ka buɗe littafin da aka haɗo shi da shi, shafi kaza, layi kaza, ka rubuto kalma ta kaza. Ranar da littafin ya ɓata, gem ɗinka ya tafi.

Aikin mai fasawa shi ne ya bi shirin a yaren inji, umarni bayan umarni, har ya gano inda ake wannan binciken ya sa a tsallake shi. Ba ƙaramin aiki ba ne, don kamfanonin ma ɓoye wurin suke yi. Gwanaye kuma ba nan suke tsayawa ba. Su matse gem ɗin ya ƙanƙance, su gyara kurakuran da kamfani ya bari, su ƙara zaɓin rai marar ƙarewa, su gyara na Turai ya yi aiki a Amurka, tunda talabijin ɗin Turai sau 50 yake sabunta hoto a daƙiƙa, na Amurka sau 60. Shi ya sa sau da yawa fasasshen ya fi na asali daɗin amfani.

Ga amsar tambayarka ta farko. Yaran nan suna suke nema, ba kuɗi ba. A cikinsu ma wanda ke sayar da fasasshen gem raina shi ake yi. Abin alfahari shi ne a ce ƙungiyarku ce ta fara fitar da gem kaza, kuma ya fito tsaf. Razor 1911 ta kafu a Norwe a 1985, Triad a Suwidin a 1986, Fairlight ita ma a Suwidin a 1987. Kowa da aikinsa a ƙungiya: akwai mai samo gem na asali da wuri, akwai mai fasawa, akwai mai rabawa. Mai rabawan nan kafin modem ya wadata ta gidan waya yake aiki, ambulan cike da faifai daga wannan ƙasa zuwa waccan. Wasu har gam suke shafa wa kan sarki don hatimin gidan waya ya gogu, abokin ya dawo da shi a sake liƙawa.

To tunda suna ake nema, dole a sa hannu. Da farko layi ɗaya ne na rubutu. Sai wata ƙungiya ta sa tambari mai launi, wata ta sa nata yana rawa, wata ta ƙara kiɗa. Rubutun nan mai gudu a ƙasa wasiƙa ce: gaisuwa ga ƙungiyoyin da ake ɗasawa da su, habaici ga waɗanda ba a shiri. Ganin sunanka a gaisuwar babbar ƙungiya ba ƙaramin matsayi ba ne. A hankali gasar ta tashi daga kan gem ta koma kan gabatarwar kanta, har aka kai wasu suka ce ba su ga amfanin jingina ta da gem ba. Suka fara fitar da ita ita kaɗai. Wannan shi ne demo.

Bari in nuna maka irin abin da ake gasa a kai, domin na zauna na gwada shi a VICE, manhajar da ke kwaikwayon Commodore 64 a kwamfutar zamani. Sikirin ɗin injin yana da gefe mai kauri a kewaye, ba a rubutu ko zane a cikinsa, launinsa kawai ake iya sauyawa. Haka aka ƙera shi. Ayisin hoto, wato ɗan guntun lantarkin da ke kula da hoto, mai suna VIC-II, layi-layi yake zana sikirin daga sama zuwa ƙasa, kuma yana da saiti biyu: jeri 25 na rubutu ko jeri 24. A saitin 25, idan ya iso layi na 251 sai ya rufe ya fara zana gefen ƙasa. A saitin 24 kuwa a layi na 247 yake rufewa. Sai wani ya yi tunani: a bar shi a saitin 25 har ya wuce 247, kafin ya kai 251 a juya shi zuwa 24. Yanzu layi na 247 yake jira, shi kuma ya riga ya wuce. Bai ga inda zai rufe ba, sai ya zarce. Gefen ya ɓace, ka samu filin sa ƙananan zanuka masu motsi a inda waɗanda suka ƙera injin suka ce ba a sa komai. Sai ka mayar da saitin 25 kafin ya zagayo, ka kuma maimaita haka sau 50 a kowace daƙiƙa. Umarni kaɗan ne, amma sai wanda ya san cikin ayisin fiye da littafin kamfani zai gano su. Buɗe gefen hagu da dama ya fi wannan wuya nesa ba kusa ba, don a kowane layi ake yinsa, layin kuma bugun furosesa 63 ne kacal. Ka makara da bugu ɗaya, ya rufe.

Na tsawaita. Bari in tsaya nan wasu su sa baki.

'Yar Debian:

Sannu da ƙoƙari Malam Injiniya. Ni ɓangaren Linux zan taɓa, don nan ne abokin Ɗan Auta ya fi yin nisa da hanya.

Rigimar ta girmi Commodore 64. A farkon 1976 Bill Gates ya rubuta buɗaɗɗiyar wasiƙa ga masu sha'awar kwamfuta, aka buga ta a 'yar jaridar Homebrew Computer Club a Kalifoniya. Ƙorafinsa shi ne ana ta kwafar Altair BASIC, manhajar rubuta shiri da kamfaninsa ya yi wa kwamfutar Altair, wadda a lokacin a zaren takarda mai huji-huji take, kuma ko kashi 10 cikin 100 na masu injin Altair ba su saya ba. Martani iri biyu ya samu. Wasu suka ci gaba da kwafarsu. Wasu kuma suka duƙufa kan rubuta tasu, Tiny BASIC, suna buga rubutun tushenta, wato ainihin umarnin da aka rubuta ta da su, a mujalla kowa ya ɗauka ya gyara. Tun daga nan hanya ta rabu biyu.

Richard Stallman ta biyun ya bi. A ɗakin bincike na jami'ar MIT ta Amurka yake, aka kawo musu firintar Xerox mai yawan cije takarda, ya nemi rubutun tushen manhajarta don ya gyara, aka hana shi. A 1983 ya shelanta GNU, aikin rubuta manhajar da kowa ke da 'yancin gyarawa da rabawa, a 1985 ya kafa gidauniyar FSF don tallafa wa aikin, a 1989 lasisin GPL, wato sharuɗɗan raba irin wannan manhaja, ya fito. Ka lura da wannan, Ɗan Auta: GPL a kan dokar haƙƙin mallaka yake tsaye. Abin da yake cewa shi ne ni na rubuta, nawa ne, na yarda ka ɗauka, ka gyara, ka raba, har ka sayar in ka ga dama, da sharaɗin ka ba na gaba abin da na ba ka. In babu dokar, sharaɗin ya zama maganar fatar baki. Mai fasawa tsallake dokar yake yi, mai GPL da ita yake aiki.

Sannan me mai fasawa ya ba ka? Makulli kawai ya cire. Manhajar tana nan a rufe, ba ka ga tushenta ba, ba za ka iya gyara ta ba. Ni a ganina ma kamfanin yake yi wa talla, don wanda ya shekara goma yana aiki da fasasshiya hannunsa ya saba da ita, fayilolinsa duk a tsarinta suke, ranar da ya samu aikin ofis ita za a saya masa.

Batun Finlan kuwa, Torvalds ɗalibin Jami'ar Helsinki ne, daga Minix, ƙaramar manhajar tafiyar da kwamfuta da Andrew Tanenbaum ya rubuta don koyarwa, ya taso, da kayan aikin GNU ya gina Linux, a Usenet, dandalin tattaunawa na wancan zamani, a sashen masu Minix, ya sanar da shi a watan Agustan 1991. Lasisinsa na farko ma ya hana karɓar kuɗi, sai a 1992 ya koma GPL. Abin da ya haɗa shi da 'yan demo bai wuce ƙasa mai ɗimbin yaran da suka tashi da ƙananan kwamfutoci a gida ba.

Wuri ɗaya da na yarda hanyoyin sun gamu shi ne DVD. A 1999 aka fitar da DeCSS, ɗan shirin da ke buɗe makullin faifan fim, aka gurfanar da Jon Johansen a kotun Norwe tun yana matashi. Ɗaya daga cikin hujjojin da aka kafa ita ce masu Linux ba su da hanyar kallon faifan da suka saya da kuɗinsu. Kotu ta wanke shi a 2003, aka ɗaukaka ƙara, aka sake wanke shi a ƙarshen shekarar.

Ɗan Autan Zaure:

Allah ya saka da alheri, Malam Injiniya da Anti. Abokina zai sha karatu yau. Saura kiɗan: me ya sa sautinsa yake haka, kuma ta yaya waƙa mai minti uku ke shiga cikin ɗan shirin da bai kai girman hoto ɗaya na waya ba?

Mai Tiraka:

Wannan fagena ne, bari in shigo. Kuma Anti 'Yar Debian, ki yi haƙuri, katangar da kika gina tsakanin ɓangarorin biyu akwai inda ta tsage.

A Commodore 64 ayisin sauti ne, SID, wanda Bob Yannes ya tsara. Murya uku kawai gare shi. In mai kiɗa yana son amo uku su tashi tare ba tare da ya cinye muryoyin duka ba, sai ya sa murya ɗaya ta riƙa tsalle tsakaninsu da gudu. Karkarwar nan da kake ji a irin kiɗan, ita ce.

Wanda ka fi ji a kwamfutocin baya-bayan nan kuwa jikan Amiga ne. Kwamfutar Amiga 500 ta fito a 1987 da hanyar sauti huɗu, a shekarar kuma wani Bajamushe, Karsten Obarski, ya fitar da Ultimate Soundtracker, manhajar tsara kiɗa, irin wadda ake kira tiraka. Maimakon rubutun kiɗa na makaranta, jadawali ne: ginshiƙi huɗu, layi 64, kana rubuta wane amo, da wane kayan kiɗa, a wane layi, jadawalin na gangarowa yana kaɗawa. Fayil ɗin da ke fita, MOD, ba naɗaɗɗen sauti ba ne. Guntayen sautuka ne da umarnin yadda za a jera su. Masu yi wa fasasshen gem gabatarwa ba su da wuri, sai suka rage guntayen har suka koma 'yan mitsi-mitsi da ake ta juyawa. Shi ya sa waƙa sukutum ke shiga 'yan kilobait, shi ya sa kuma sautin ya fito siriri.

Ga inda katangar ta tsage. Soundtracker ta sayarwa ce, kuma ba ta yi kasuwa ba. 'Yan harkar suka kwance ta, suka gyara, suka ƙara mata abubuwa, suka raba ba da izinin mai ita ba. A kan wannan turbar aka samu NoiseTracker a 1989 da ProTracker a 1990. Babu lasisi, babu yardar kowa, amma yadda aikin ke wucewa daga hannu zuwa hannu ana inganta shi ya yi kama da abin da kuke yi. Fayil ɗin MOD kuma a buɗe yake: ka loda waƙar gwani a tiraka ka ga kowane amo da kowace dabara a gabanka. Ni haka na koya, ba wanda ya zaunar da ni. Yau OpenMPT da MilkyTracker duk masu buɗaɗɗen tushe ne. Sai dai Obarski da ya fara abin bai ci moriyar kirki ba, wannan ma a faɗa.

Tsohon Injiniya:

Mai Tiraka ya yi gaskiya a kan kiɗa, amma a ɓangaren masu rubuta shiri labarin ya sha bamban. Ɗan demo na wancan zamani ba ya ba ka rubutun tushensa. Dabararsa ita ce jarinsa, da ita zai kayar da kai a taro mai zuwa. In kana so ka kwance shirinsa ka gano yadda ya yi, ba mai hana ka, haka kowa ya koya. Amma ka ɗauko nasa ka liƙa a naka, in aka gane, sunanka ya shiga rubutu mai gudu ta hanyar da ba za ka so ba. Abin dariya, mutanen da ke raba gem ɗin kamfani ba ko ɗar su ne ba sa yafe wa wanda ya saci layi goma na shirinsu.

Dubi Second Reality na ƙungiyar Future Crew, wanda ya ci gasar Assembly a 1993 ya nuna wa duniya cewa PC ma za ta iya abin da ake ganin sai Amiga. Sai a 2013, bayan shekara 20, aka saki tushensa. Farbrausch ta Jamus ita ma sai a 2012 ta saki kayan aikinta. Daga baya ne al'adar buɗe tushe ta shigo musu, daga wajen su Anti.

Su kansu masu demo da masu fasawa tuni suka raba gari. Tarukan da aka fara don a haɗu a kwafi faifai suka koma gasa a babban zaure, da majigi da ƙuri'a: The Party a Denmak daga 1991, Assembly a Finlan da The Gathering a Norwe daga 1992, yanzu kuma Revision a garin Saarbrücken na Jamus duk lokacin Ista. 'Yan ƙungiyar The Silents su suka kafa kamfanin gem na DICE, Remedy mai Max Payne ma daga 'yan demon Finlan ya fito. Finlan ta sa harkar demo cikin jerin al'adun gadonta a 2020, Jamus a 2021. Masu fasawa kuma ƙasa suka ƙara nutsewa, musamman bayan samamen Operation Buccaneer na Disambar 2001, wanda ya tarwatsa ƙungiyar DrinkOrDie ya kai wasu 'ya'yanta gidan yari.

Abin da 'yan demo suka riƙe daga zamanin gabatarwa shi ne ƙunci. A da ƙarancin wuri a faifai ne ya tilasta shi, yanzu da kansu suke ɗora wa kansu: gasar kilobait 64, gasar kilobait 4. A 2004 aka fitar da .kkrieger, gem na harbi mai cikakken hoto a kilobait 96. Ba a ajiye hotunan bango da na dodanni a cikinsa ba, matakan lissafin da za su haifar da su aka ajiye, shi ya sa yake daɗewa kafin ya tashi. A 2009 kuma Elevated ya zo da duwatsu, ruwa, gajimare da kiɗa a kilobait 4.

Ɗan Auta, ka nemi waɗannan a shafin Pouët, can 'yan harkar ke tara ayyukansu. Ka sauke fayil ɗin Elevated ka duba girmansa da idonka kafin ka kalli bidiyonsa. Manhajar kariya takan yi ƙorafi a kan irin waɗannan ƙananan demo saboda yadda ake matse su, don haka daga rumbun 'yan harkar kawai za ka ɗauko. Ɗan akwatin lambar rajista da ke yawo a shafukan saukar da manhaja a yau kuwa ka bar shi inda ka gan shi, da yawansu an cusa musu ɓarayin bayanai. In kiɗan kake so, yana nan a Mod Archive, ka buɗe shi a OpenMPT ka ga jadawalin da Mai Tiraka ke magana.